Bai Ɗaga Adda Ba, Amma An Tuhume Shi da Yunƙurin Kisa: Yaya Kotu Ke Gane Niyya Ɗaya?

"Barista, tambayata a kan ƙanena ce. Akwai tsohon rikicin iyakar gona tsakanin wani abokinsa da maƙwabcinsa. Ranar da abin ya faru, abokin ya kira shi ya ɗauke su a babur, shi da wani ɗan'uwansa, ya kai su bakin gonar. Ƙanena ya tsaya a kan hanya, su biyun suka shiga. Aka yi cacar baki, sai abokin ya sari mutumin da adda a ka. Allah ya sa yana da sauran kwana, ya yi makonni a asibiti ya tashi. Ƙanena ne ya komo da su gari. Yanzu an gurfanar da su ukun da laifin haɗa baki da yunƙurin kisan kai. Shi ko sanda bai riƙe ba, cikin gonar ma bai taka ba. Ta yaya doka za ta ɗora masa saran da wani ya yi?"

Malam, Allah ya ƙara wa wanda aka sara lafiya, ku kuma ya ba ku haƙurin zirga-zirgar kotu. Idan na fahimce ka daidai, kana son sanin ko doka tana iya hukunta mutum a kan saran da hannunsa bai yi ba, kuma idan tana iyawa, me lauyan gwamnati zai shimfiɗa wa alƙali kafin a kai ga haka. Amsar ɓangaren farko gajeriya ce, kuma ba za ta yi maka daɗi ba: ƙwarai tana iyawa. Tsayuwa da babur a bakin hanya ba ta wanke mutum, haka kuma ita kaɗai ba ta kama shi. Ɓangare na biyu ne ke buƙatar dogon bayani, domin a kansa shari'ar ƙanenka za ta rataya.

Zan ɗauka cewa a wata jihar Arewa ake shari'ar, ƙarƙashin dokar Final Kod, wato kundin laifuka da hukunce-hukuncensu, kuma lambobin sassan da zan ambata na tsohon kundin 1959 ne. Wasu jihohi sun sake rubuta nasu, kamar yadda Kaduna ta yi a 2017, saboda haka lambobin kan bambanta, amma ma'anar tana nan yadda take. Sashe na 229 shi ne na yunƙurin kisa: wanda ya aikata abin da, da a ce mutuwa ta biyo baya, zai zama kisan kai mai hukuncin kisa, ana iya ɗaure shi rai da rai, ko ƙasa da haka, ko a ci shi tara, ko a haɗa masa duka. Sashe na 79 kuwa cewa ya yi idan mutane da yawa suka aikata laifi domin cika wata niyya da dukansu suka yi tarayya a kanta, kowannensu zai ɗauki laifin tamkar shi kaɗai ya aikata. Wannan sashe ba laifi ba ne a karan kansa, igiya ce da ake ɗaure sauran mutane da ita a jikin aikin mutum ɗaya. Haɗa baki da ke sashe na 96 da na 97 daban yake, domin a can yarjejeniyar ce da kanta laifin. A aikace dai hujja ɗaya ake kawowa a kan duka biyun, shi ya sa kusan kullum za ka gan su tare a takardar tuhuma.

Tarayya a niyya da dacewar niyya

Kundin Final Kod ya fara aiki ranar 30 ga Satumba, 1960. An ɗauko shi daga na Sudan, na Sudan kuma daga kundin Indiya na 1860, kuma sashenmu na 79 kusan kalma da kalma shi ne sashe na 34 na wancan. Wannan ne ya sa lauyoyi a nan suke kafa hujja da tsofaffin hukunce-hukuncen Indiya. Ba su zama dole a kan alƙalanmu ba, amma ana sauraron su. Biyu daga ciki sun tsaya a gefe da gefen matsalar ƙanenka, ɗaya yana yi masa barazana, ɗaya yana ba shi mafita.

Na farko shari'ar Barendra Kumar Ghosh ce. A 1923 wasu mutane suka shiga wani gidan waya a Kalkata, suka tarar da jami'in wurin yana ƙirga kuɗi, suka nemi ya miƙo, suka harbe shi ya mutu. Barendra aka kama, ya kare kansa da cewa shi a waje ya tsaya. Kotun ƙarshe ta daular Ingila da ke zama a Landan ta ce a 1924 wannan ba kariya ba ce, domin wanda ya tsaya gadi don abokan tafiyarsa su gama abin da aka shirya, shi ma aikin yake yi. Da wannan ma'auni, mai babur da ya san abin da za a je yi, ya kai, ya jira, ya kwaso, bai fi mai adda tsarki ba.

Na biyu shari'ar Mahbub Shah ce, wadda ta faru a bakin kogin Indus a 1943. Wani mai suna Allah Dad da abokansa sun yanko ciyawar kogi a jirgin ruwa daga filin da aka hana su. Wani ɗan dangin masu filin ya tare su, aka yi hatsaniya, Allah Dad ya buge shi da gorar tuƙa jirgi, shi kuma ya yi kururuwar neman agaji. Wali Shah da Mahbub Shah suka fito da bindigogi. Wali ya harbe Allah Dad har lahira, Mahbub ya harbi wani mai suna Hamidullah ya ji masa ɗan rauni. Kotun farko ta ba Mahbub shekara 7 a kan yunƙurin kisa, babbar kotun Lahore ta ɗora masa kisan Allah Dad ta yanke masa hukuncin kisa, sai kotun Landan ta soke wannan a 1945. Dalilinta shi ne su biyun sun fito ne don ceton ɗan'uwansu, kuma babu hujjar cewa sun shirya kisan tare. Kowa ya harbi nasa, don haka kowa ya ɗauki nasa. Kotun ta ja hankali cewa mutum biyu suna iya ɗauke da niyya iri ɗaya a lokaci ɗaya ba tare da sun haɗu a kanta ba, kuma katangar da ke tsakanin wannan da ainihin tarayya siririya ce ƙwarai, amma tana nan.

Wanda ya yi karatun fiƙihu ba zai ji wannan baƙon abu ba. Malamai sun raba tsakanin tamalu'i, wato a haɗa kai tun farko, da tawafuƙi, wato a dace a kan mutum ɗaya ba da shiri ba. A cikin Muwaɗɗa akwai labarin Sayyidina Umar da ya kashe mutum biyar ko bakwai saboda mutum ɗaya, ya ce da mutanen San'a duka sun haɗa kai a kansa da duka zai kashe su. A nan ne kuma Imamu Malik ya yi maganar wanda ya riƙe mutum wani ya buge shi ya mutu: idan ya riƙe shi yana ganin kisa ake nufi, a kashe su duka, idan kuwa ya ɗauka duka ne irin wanda mutane suka saba yi, a kashe wanda ya yi kisan, shi kuma a yi masa horo mai tsanani a tsare shi shekara guda. Abin da ke cikin zuciyar mai riƙon ne ya raba hukuncin biyu, kuma wannan tambaya ce za a yi a kan ƙanenka.

Shirin ba sai an kwana ana kitsa shi ba. Yana iya ƙulluwa nan take, da kalma ɗaya ko da ƙifta ido, matuƙar ya riga aikin ko da da ɗan lokaci kaɗan. To amma wannan ya fi shafar ɗan'uwan da ya shiga gonar, wanda yake tsaye lokacin da aka ɗaga addar. Ƙanenka yana kan hanya, saboda haka da wuya a ce niyyar da ta tsiro a tsakiyar cacar baki ta iso gare shi. Dole lauyan gwamnati ya koma baya, ya nuna cewa tun kafin a hau babur, ko a kan hanyar zuwa, maganar ta riga ta ƙullu.

Sun haɗu, amma a kan me?

Nan ne na fi son ka tsaya ka natsu, domin nan ne iyalai, har da wasu lauyoyi, suke yin sakaci. Bai isa a nuna cewa su ukun sun tafi da baki ɗaya ba. Sai an nuna a kan me bakin ya zo ɗaya. Mutum uku suna iya shirya su je su yi wa wani kashedi, ko su tumɓuke shingen da ya dasa, ko su tsorata shi, ko ma su lakaɗa masa duka. Wasu daga cikin waɗannan laifuka ne, amma babu yunƙurin kisa a cikinsu. A shari'ar kisa akwai gawa, ita kanta tana magana. A yunƙurin kisa babu gawa, don haka nauyin duka a kan niyya yake sauka, kuma abin da ya raba sashe na 229 da sashe na 248, na jin ciwo da makami mai haɗari, shi ne abin da mai saran ya nufa ko ya sani.

Akwai wani bambanci da ya kamata lauyanku ya riƙe. A dokar Ingila, tun shari'ar Whybrow ta 1951, ba a kama mutum da yunƙurin kisa sai an tabbatar ya nufi kisan kansa, nufin yin mummunan rauni bai isa ba. Final Kod ta fi haka faɗi, domin sashe na 229 ya jingina da na 221, wanda ya haɗa da wanda ya sani, ko yake da dalilin sanin, cewa mutuwa ce mafi rinjayen abin da aikinsa zai haifar. Ga abokin da ya yi saran, wannan ya kusan rufe ƙofa: wanda ya ɗaga adda ya sauke a tsakiyar kan mutum zai sha wuya kafin ya shawo kan alƙali cewa bai san mutuwa na kusa ba. Alƙali zai duba irin makamin, da wurin da aka sara, da yawan saran, da zurfin raunin a rahoton likita, da kuma abin da ya sa aka daina, ko mai saran ne ya janye don kansa ko mutane ne suka kawo ɗauki. Sai dai duk wannan hujja ce a kan zuciyar mai adda. Ba a kwashe ta haka kawai a zuba wa mai babur. Sashe na 82 ma ya faɗa a fili cewa mutanen da suka shiga aiki ɗaya suna iya fita da laifuka daban-daban.

Da me ake tabbatarwa?

Sashe na 36(5) na tsarin mulkin 1999 ya ɗauki ƙanenka a matsayin marar laifi, sashe na 135 na dokar shaida ta 2011 kuma ya ɗora wa mai ƙara tabbatar da laifin har ya kawar da duk wata shakka mai ma'ana. Tunda ba a buɗe ƙirjin mutum a karanta, kuma masu shirya ɓarna ba sa kiran shaidu, kotu daga halin da ya kewaye abin take tsamo niyya. Ƙa'idar ita ce alamun su taru su nuna hanya ɗaya tak. Idan suna karɓar fassara biyu, ɗaya ta laifi ɗaya ta rashinsa, wanda ake tuhuma ne ke cin moriyar shakkar.

Kafin faruwar abin, za a tambayi ko ƙanenka yana da hannu a rikicin gonar, ko an taɓa jin ya yi wa mutumin barazana, ko an ga su ukun suna ƙus-ƙus a daren da ya gabaci abin, sau nawa suka yi waya da juna, kuma ko haya aka ɗauke shi aka biya shi kuɗin da aka saba. Idan sana'arsa acaɓa ce, ɗaukar mutum biyu zuwa gona aikinsa ne na yau da kullum. Sai maganar addar, wadda a ganina ta fi kowace muhimmanci. Bindiga ko barandami a hannun mai zuwa gona suna sa a yi tambaya, adda kuwa kayan aiki ce, manomi ba ya fita ba ita. Saboda haka ganin adda a hannun abokinsa bai nuna ƙanenka ya san za a sari mutum ba. Amma idan shaida ta nuna an naɗe ta a buhu an ɓoye, ko an wasa ta a gabansa ana ambaton sunan mutumin, ko lokacin ba na aikin gona ba ne sam, to labari ya sha bamban.

A lokacin abin, za a duba inda ya ajiye babur ɗin da yadda ya ajiye shi. Wanda ya kashe inji ya koma gindin bishiya yana danna waya daban yake da wanda ya juya kan babur ya fuskanci gari, ya bar inji yana ruri, yana leƙen masu zuwa. Bayan abin kuma, kwaso su da ya yi shi ne abin da lauyan gwamnati zai fi riƙewa. Gaskiya alama ce, amma mai rauni idan ita kaɗai ce, domin tsoro ma yana sa mutum gudu, kuma wanda aka fito masa da adda tana ɗigar jini aka ce ja mu tafi ba kowa ne zai iya cewa a'a ba. Abin da ya yi bayan sun isa gari zai ƙara mata nauyi ko ya rage: ya ɓoye addar, ya bar gari, ko kuwa ya je ya faɗa wa mai unguwa?

Na taɓa kare wani saurayi a shari'a mai kama da wannan, su huɗu, a kan faɗan da aka soki wani da wuƙa a ciki. Wanda nake karewa ya shiga faɗan, bai musa ba, har ya riƙe wa mutumin riga. Da na zo yi wa wanda aka soka tambayoyi, ban ce masa ƙarya yake yi ba, na dai roƙe shi ya faɗa wa kotu abin da kunnensa ya ji lokacin da wuƙar ta fito. Ya yi shiru, ya dubi ƙasa, sannan ya ce ya ji wannan yaron yana cewa, "Kai, ba haka muka yi ba, mayar da ita!" Wannan jimla ɗaya daga bakin mai ciwon ita ta raba shi da sauran. An same shi da laifin dukan mutumin, an sallame shi daga yunƙurin kisa. Na kuma ga akasin haka, inda wanda ake tuhuma ya kafe cewa ranar ba ya garin ma, alhali mutum uku sun gan shi, bayanan kiran wayarsa kuma suka ƙaryata shi. Da wannan ƙarya ta rushe, alƙali bai sake yarda da komai daga bakinsa ba, har da gaskiyar da za ta cece shi. Idan ƙanenka ya kai su, kada kowa ya koya masa cewa bai kai su ba.

Bayanin da aka rubuta a wajen 'yan sanda

Sau da yawa babu wata hujjar shiri sai takardun da aka rubuta a ofishin 'yan sanda, saboda haka a nemi kwafinsu tun yanzu. Idan abokin ya rubuta cewa "mun shirya da shi", sashe na 29(4) na dokar shaida ya hana a yi amfani da wannan iƙirari a kan ƙanenka, sai idan shi ma ya amince da shi da baki ko a aikace. Amma idan abokin ya shiga akwatin shaida ya yi rantsuwa ya maimaita, ta zama shaidar da kotu za ta auna, kuma sai lauyanku ya titsiye shi da tambayoyi. Idan kuma gwamnati ta janye tuhuma daga ɗan'uwan ta mai da shi shaidarta, sashe na 198 ya yarda a karɓi maganarsa, tare da jan kunnen alƙali cewa dogaro da ita ba tare da wata hujja mai ƙarfafa ta ba akwai haɗari.

Wani abin da ke ci mini tuwo a ƙwarya shi ne fassara. Mutum zai yi bayani da Hausa, a rubuta da Turanci, a ba shi ya dangwala. "Mu je mu yi maganinsa", "mu koya masa hankali", "mu je a yi ta ta ƙare" da "mu gama da shi" ba abu ɗaya ba ne a kunnen Bahaushe, ta ukun ma tana iya nufin a je a kashe maganar iyaka kawai. A takarda kuwa sai ka tarar duk an mai da su jimla ɗaya mai nufin kisa. Kotunan sama sun sha nanata cewa a rubuta bayani da harshen da aka yi shi, kuma idan da tafinta aka ɗauka, sai an kira tafintan ya ba da shaida. Ka tambayi ƙanenka ainihin kalmomin da aka furta a kan babur, da Hausarsu, da wanda ya rubuta nasa bayanin, da ko an karanta masa kafin ya sa hannu. Idan dukansa aka yi ya amsa, a lokacin da za a miƙa takardar ga kotu ake tayar da maganar, ba bayan an karɓe ta ba.

Abin da ke gabanku

Ban ga takardar tuhuma ko bayanan shaidu ba, kuma labarin da ke hannuna daga bakinka ne, kai ma daga bakin ƙanenka, don haka ba zan ce maka zai fita ko ba zai fita ba. A kan abin da ka faɗa kaɗai, ina ganin hujjar tarayya a niyyar kisa tana da rauni, kuma idan masu ƙara suka rufe shaidunsu ba su kawo abin da ya wuce kaiwa da komowa ba, lauya yana iya roƙon kotu ta sallame shi tun kafin ya fara kare kansa. Idan kuwa ta bayyana ya san duka za a je yi, ku shirya wa yiwuwar a same shi da ƙaramin laifi, ko da laifin taimaka wa masu laifi su tsere.

Shawarata ta farko ita ce ya sami lauyansa shi kaɗai. Iyalai kan haɗa kuɗi su ɗauki lauya ɗaya don sauƙi, alhali kariyar ƙanenka ita ce "ban san abin da ke ransa ba", wadda kai tsaye take tura laifin ga abokin, kuma lauya ɗaya ba zai iya yi wa su biyun adalci ba. Beli yana yiwuwa tunda laifin ba na hukuncin kisa ba ne, ko da yake alƙali zai duba nauyin tuhumar da yiwuwar a tsoma baki a shaidu, saboda haka kada wani daga danginku ya je gidan shaida da sunan ban haƙuri. Sulhu da wanda aka sara abu ne mai kyau idan manya suka shiga ta hanyar da ta dace, kuma yana iya sassauta hukunci, amma ba ya rufe shari'ar da kansa, domin ƙarar ta gwamnati ce, kuma Antoni Janar na jiha ne sashe na 211 na tsarin mulki ya ba ikon janye ta. Kafin zama na gaba, ku nemo duk wanda ya ga inda babur ɗin ya tsaya da wanda ya ga lokacin da aka ɗauke shi haya, ku ba lauya sunayensu tun abin bai fara shuɗewa daga ƙwaƙwalwarsu ba.